Winning Eleven a PS2: wace ƙwallo za ka saka idan za ka buɗe gidan gem a Durba?

Ga rubutaccen shirin wannan makon, saboda waɗanda data ba ta bari sun saurara ba.

To yau dai ba ni na zaɓi batun ba. Wani ƙanenmu ne daga Durba, can ƙaramar hukumar Kibiya, ya turo min saƙon murya. Ya ce ya sayar da ɗan abin da ya noma bana, ya cire na gida, 'yan kuɗi sun rage a hannunsa, yana so ya kama shago ya buɗe gidan gem. Kuɗin ba za su kai PS4 ba, PS2 guda biyu yake tunani. Tambayarsa biyu ce. Ya ce, "Yaya, yanzu da kowa ke gem a waya, PS2 za ta iya ciyar da mutum kuwa? Kuma wace ƙwallo zan saka?"

Ƙanena, kuɗin gumi ne, don haka ba zan yi maka daɗin baki ba. Bari in fara da ta biyun, don ita ce mai sauƙi: ka saka PES 6. Idan ka ji wannan ka kashe shirin ma ka samu rabin amsa. Amma zauna ka ji dalili, don mai gidan gem da bai san kayansa ba, yaran gari ne za su riƙa koya masa.

Da farko sunan. Mu da muka taso a gidajen gem na wajen Rano, "Winning" kawai muke cewa. Wasu kuma su ce PES. Har musu na taɓa gani an yi, wai wanne ya fi. Alhali abu ɗaya ne. Kamfanin Konami na ƙasar Japan ne yake yin sa. A Japan sunansa Winning Eleven, wanda ake kai wa Turai kuma a rubuta masa Pro Evolution Soccer, a taƙaice PES. Tun a PS1 aka faro shi, a 1995. Ita kuwa PS2 kamfanin Sony ya fitar da ita a Japan a watan Maris na shekarar 2000, an sayar da sama da miliyan 150 a duniya, ba a daina ƙera ta ba sai farkon 2013. Shi ya sa har gobe ba ta yankewa a kasuwa, kayan gyaranta ma ba sa wahala.

Yadda za ka gane wanda ke gabanka: idan ka ji mai sharhi yana ihu da Japananci, yana jan "shuuuto" kamar za a yanka shi, wannan Winning Eleven ne, mutumin sunansa Jon Kabira. Idan Turanci ne a natse, PES ne. Wani abu kuma da ke rikita sababbin shiga: a na Japan, O ake dannawa a shiga, X a fita. A na Turai kuwa X ake dannawa a shiga. Mun yi shekaru muna buga na Japan ba mu iya karanta ko harafi ɗaya ba, haddace wuraren muka yi, na uku daga sama, danna, na biyu, danna. Allah Ya sa haka muka haddace karatun makaranta.

Yanzu bari mu bi su ɗaya bayan ɗaya, amma ba zan daɗe a kan waɗanda ba sa buƙata ba.

PES na farko ya fito a 2001, shi ne Winning Eleven 5. PES 2 a 2002, shi ne Winning Eleven 6. Waɗannan na tarihi ne, kada ka saka wa kwastoma. Abin da ake tuna su da shi shi ne sunayen bogi. Konami ba ta da lasisin yawancin 'yan wasa da ƙungiyoyi, sai ta riƙa karkata sunan. Tun zamanin PS1 Roberto Carlos ya zama Roberto Larcos. Daga baya ma haka ƙungiyoyin Ingila suka yi ta fama: Man Red, Man Blue, Merseyside Red, North London. Bolton ta Okocha kuwa Middlebrook aka sa mata. Amma da ka ga askin mutum da yadda yake gudu ka san ko wane ne.

A wannan zamanin ne kuma namu ya yi suna. Tijani Babangida, haifaffen Kaduna, wanda ya buga wa Ajax, yana cikin waɗanda suka ciyo mana zinare a Atlanta a 1996, ya kuma zura wa Afirka ta Kudu biyu a wasan kusa da na ƙarshe na kofin Afirka a Legas a 2000. A cikin Winning gudunsa ya wuce hankali. Ka ba shi ƙwallo a gefe ka danne gudu, shi ke nan. Akwai mutane a Brazil da Indonesiya da ba su taɓa ganin wasansa na gaske ba, amma ka ce musu Babangida su yi dariya, sun san shi ta gem.

PES 3 ya zo a 2003, shi ne Winning Eleven 7. Za ka gane shi da hoton alƙalin wasan nan mai ƙwaryar molo, Pierluigi Collina, a jikin kwali. Daga nan wasan ya fara zama ƙwallo sosai. PES 4 na 2004, wato Winning Eleven 8, shi ya kawo lig ɗin Sifen da Italiya da Holan da sunayensu na gaskiya. Yana da daɗi, ana cin ƙwallaye da yawa, yara suna son sa.

PES 5 na 2005, Winning Eleven 9, mai hoton Henry da John Terry. Tsofaffin hannu da yawa za su rantse maka shi ne ya fi kowanne, kuma ban ce sun yi ƙarya ba. Wasa ne mai nauyi, sai ka gina, sai ka yi haƙuri, ba a cin ƙwallon banza. Matsalarsa alƙali. Ka ɗan matsi mutum kaɗan, fiit, an busa. Ga wanda yake zaune a ɗakinsa shi kaɗai wannan ba komai ba ne. A gidan gem kuwa, inda mutum shida ke tsaye suna jiran layi, kowane busa lokaci ne, lokaci kuma kuɗi ne.

Sai gwarzon, PES 6, wanda ya fito a watan Oktoba na 2006. Ɗan'uwansa na Japan, Winning Eleven 10, ya riga shi fitowa a watan Afrilu na shekarar. Wannan tazarar ta wata shida tana da amfani ka sani: a Winning 10 Obafemi Martins yana Inter tare da Adriano, a PES 6 kuma ya riga ya koma Newcastle, Ibrahimovic ya shigo Inter.

Me ya sa na ce shi? Dalili uku. Na ɗaya, ya fi PES 5 sauri, alƙalin ya rage busa, wasa yana tafiya. Na biyu, yaro da bai taɓa riƙe hannu ba zai iya koyon fasin da shot a wasa biyu, amma gwani zai shekara yana gano sabon abu. Na uku, 'yan wasan. Ronaldinho da Eto'o a Barcelona, Messi yana ɗan yaro. Kaka da Pirlo a Milan. Henry a Arsenal. Rooney da Cristiano a Manchester United, wadda a wannan karon ta zo da sunanta na gaskiya. Chelsea ce ta koma London FC, amma Drogba da Lampard da Essien suna ciki. Kowa yana da tasa, ba za a rasa abin musu ba.

Sai dai akwai Inter. Kai, Inter ɗin PES 6 zalunci ce. Adriano ƙarfin shot ɗinsa 99, ƙarshen ma'auni ke nan. Daga tsakiyar fili zai juyo da hagu ya sake ta, gola yana kallo. Ga Ibrahimovic, ga Crespo, ga Figo, ga Vieira, ga Zanetti a baya. A gidan da muke zuwa sai da aka kafa doka: ba a ɗaukar Inter sai idan ɗayan ya yarda. Ƙanena, ka rubuta wannan dokar a bango tun ranar farko, za ta raba ka da faɗa da yawa.

Bayan PES 6 fa? PES 2008, 2009, 2010, har zuwa PES 2014, duk sun fito a PS2. Na 2014 ɗin, wanda ya fito a ƙarshen 2013, yana cikin gem na ƙarshe da aka yi wa na'urar baki ɗaya. Amma gaskiyar magana, tun da PS3 ta fito hankalin Konami ya koma can. Na PS2 sai ya zama kusan tuwon jiya ake ɗumamawa: a canza 'yan wasa, a canza riga, a ƙara ɗan wani abu. Ribar na baya-bayan ita ce gasar Champions League da taken nan nata, da Messi da Ronaldo a lokacin da suke ganiyarsu. Don haka idan na'ura biyu gare ka, ɗaya PES 6, ɗayar ka saka PES 2013. Za ka kuma ci karo da waɗanda aka yi wa kwaskwarima, an zuba 'yan wasan yanzu a kan tsohon gem. Ba Konami ce ta yi su ba, masu sha'awa ne, a Brazil ma akwai wani sananne da ake kira Bomba Patch. Yara za su tambaye ka mai Osimhen da Lookman, don haka ka samu ɗaya. Amma ka buga shi wasa uku cikakku a gaban mai sayarwa, don wasu suna tsayawa cak a tsakiyar wasa.

Yanzu hannu. Ko ba ka iya ba, dole ka san wannan don ka koya wa sababbi. X fasin ƙasa. O dogon fasin ko kuros. Mai kusurwa huɗu, wanda muke ce wa bokis, shi ne shot. Mai kusurwa uku shi ne turu, fasin da ke ratsa 'yan baya. R1 gudu, L1 canza ɗan wasa. Idan ba ka da ƙwallo, X matsawa, O zamiya, bokis ka turo abokinka ya taya ka matsi, mai kusurwa uku kuma gola ya fito.

Waɗannan kowa ya sani. Ga waɗanda ke raba yaro da babba. L1 da mai kusurwa uku, turu ta sama, ita ce makamin Martins. L1 da X, ba-ni-in-ba-ka, wanda ya bayar ya wuce da gudu. Bokis sannan ka yi maza ka danna X, shot ɗin ƙarya, gola ya kwanta kai ka wuce. L1 da bokis, ka ɗaga ta saman gola idan ya fito. O sau biyu kuros mai ƙasa-ƙasa, sau uku ta bi ƙasa gaba ɗaya. Sai R1 da R2 tare, wannan yana sa ɗan wasanka ya bar layin da gem ya ɗora shi, ka kai shi inda kake so. Wanda ya iya wannan, turu ba ta cin sa da sauƙi.

Shawara ɗaya da ta fi duk waɗannan: saki R1. Yawancin yara tun daga busa har tashi yatsansu na kan gudu, ƙwallo tana nisa da ƙafa, ana ƙwacewa. Kuma kafin a fara ka duba kibiyoyin da ke gefen sunayen 'yan wasa. Ja mai kallon sama, mutumin yana kan ganiya. Shuɗiya mai kallon ƙasa, ajiye shi a benci ko da Ronaldinho ne. Ku 'yan Kibiya ai bai kamata a koya muku duba kibiya ba.

Ba zan wuce ban taɓa Master League ba, don a nan zuciyar wasan take. Ana ba ka ƙungiya a rukuni na biyu da wasu bayin Allah da babu su a duniya: Ivarov a raga, Valeny da Stremer da Jaric a baya, Dodo da Iouga a tsakiya, Espimas da Ximelez a gefe, Minanda mai lamba goma, Castolo da Ordaz a gaba. Ba gudu, ba shot, Castolo zai samu raga a buɗe ya harba sama. Da su za ka yi ta fafutuka, kana tara maki, kana sayen ɗan wasa ɗaya-ɗaya. Idan ƙarshen kaka ya zo makinka bai isa biyan albashi ba, an kore ka, wasa ya ƙare, komai ya tafi. Ni a nan na fara koyon cewa ba a sayen abin da ba za a iya ciyarwa ba. Na taɓa kwashe duk makina na sayi babban ɗan gaba, na ji ni sarki, ƙarshen kaka aka nuna min ƙofa.

Ƙanena, ka riƙe wannan labarin, don shi ne amsar tambayarka ta farko. Kuɗin noman nan su ne makinka.

PS2 ba za ta sa ka yi kuɗi ba. Wanda yake da babbar waya yana buga eFootball, wato sunan da Konami ta mayar da PES tun 2021, ba zai zo ya biya ka kullum ba. Kwastomominka su ne yaran da ba su da irin wannan wayar, da manya irina da ke son tuna baya, da duk wanda ya gane cewa cin mutum yana zaune kusa da kai, jama'a na ihu a bayanku, ya fi cin wani baƙo a intanet daɗi. Waɗannan suna nan a Durba, suna nan a Tarai, suna nan a Fammar. Amma ka yi lissafi kafin ka biya kuɗin shago. Wasan minti biyar, da zaɓen ƙungiya da gyara 'yan wasa da musu, yana cin kusan minti goma. Wasa shida ke nan a awa, a na'ura ɗaya. Ka ninka da abin da yaran garinku za su iya biya, ka ninka da awannin da za ka samu mutane da gaske, ba awannin da shago ke buɗe ba. Sai ka cire mai, ka cire haya, ka cire kuɗin hannu, don hannu shi ne abin da ya fi mutuwa. Ka tuna kuma da damina kowa yana gona, kasuwarka sai yamma. Lokacinka shi ne bayan girbi, hutun makaranta da bikin sallah. Idan lissafin bai fita da janareto ba, ka duba ƙaramar sola, PS2 da ƙaramar talabijin ba sa jan wuta sosai, kuma ka haɗa da cajin waya. Sau da yawa cajin ne zai riƙe shagon ranar da gem ya yi sanyi.

Wajen saye, idan ka biyo hanyar Bunkure ka shigo Kano, ka zagaya Sabon Gari da Beirut Road, ka tambayi aƙalla shago uku kafin ka ciro kuɗi. PS2 iri biyu ce, babba mai kauri da siririya wadda ta fito a 2004. Abu na farko, juya bayanta ka karanta wutar da take ɗauka. Wadda aka yi wa Japan ko Amurka, musamman mai kaurin, 100 zuwa 120 take sha, tamu kuwa 230 ce. Ni da kaina na taɓa ƙona ɗaya. Mai shagon bai faɗa min ba, ni ma ban tambaya ba, na dawo gida da murna na soka, sai ƙara da hayaƙi. Ko wasa ɗaya ban buga ba. In irin wannan ce, sai da na'urar rage wuta.

Na biyu, idon da ke karanta faifai shi ne ke fara gajiya, ga ƙurar hunturu. Shi ya sa yawancin masu gidan gem yanzu ta filasha suke kunnawa, da katin memori na musamman. Ka sa a kunna maka a gabanka, a kashe, a sake kunnawa. Na uku, ka gwada kowane maɓalli na kowane hannu, musamman R1 da X, ka kuma sayi hannu biyu na ajiya. Na huɗu, idan hoto ya fito fari da baƙi a tsohuwar talabijin, ba lalacewa ba ce, tsarin hoton Japan ne bai dace da ita ba, a gwada wata. Kuma ka ware katin memori ɗaya na masu Master League, ka hana kowa taɓa shi. Goge wa mutum kaka biyar da ya gina ya fi marin fuska zafi.

Saura magana ta ƙarshe, kuma ita ce ta fi nauyi. Abin da ke kashe gidan gem a ƙauye ba rashin kwastoma ba ne, bakin iyaye ne. Ni na taɓa cinye kuɗin niƙa a gidan gem. Aka aike ni da masara, na ce wasa ɗaya kawai, na tashi ba kuɗi ba gari, magariba ta yi. Dukan da na sha daban, amma abin da ya fi damuna shi ne washegari mahaifina ya je ya samu mai gidan, kuma daga ranar rabin yaran layinmu aka hana su zuwa. Mutumin bai yi wata uku ba ya rufe.

Don haka kafin ka buɗe, je ka gaida mai unguwa ka faɗa masa abin da za ka yi. Yaro da kayan makaranta ba ya shiga, na boko ne ko na Islamiyya. An kira sallah, a kashe talabijin, ko ana fenareti ne. Ka sa lokacin tashi da dare ka tsaya a kai. Sannan caca. Za ta zo maka da sunan wasa, "wanda aka ci ya biya", daga nan a koma ajiye kuɗi a ƙasa, 'yan kallo su ma su fara zubawa. Ranar da ka bari aka fara, ranar ka daina zama mai gidan gem. Faɗa zai biyo baya, sata za ta biyo baya, kuma sunanka ne zai ɓaci a garin da kowa ya san gidanku. Idan kana son armashi, ka shirya gasa ranar Juma'a da yamma, mutum goma sha shida, kyautar ta fito daga aljihunka, ko lemo ne ko wasa goma kyauta. Za ka ga yadda shago zai cika.

To ƙanena, ka fara da abin da za ka iya ciyarwa. Idan lissafi ya ce na'ura ɗaya, ka fara da ɗaya, Castolo ma da shi aka fara. Allah Ya sa albarka a nema, Ya kare ka daga asara.

Ku kuma sauran, na san masu PES 5 ba za su bar ni in yi barci ba. Ku turo hujjarku, zan karanta a shiri na gaba. Duk wanda kuma yake ganin ya iya, in na shigo Rano garin Autan Bawo akwai hannu biyu a jakata. Sharaɗi ɗaya ne, ba a ɗaukar Inter.

Sai mun sake haɗuwa. Wassalamu alaikum.